Sharaɗin da Baba Ya Gindaya wa Haladu Mai Faifai

Bana shekara goma sha biyu ke nan da muka kai ƙanena Haladu makwancinsa a Gwaram. Waɗanda suka girma a kudancin Jigawa da rediyo a kunne sun fi saninsa da Mai Faifai, mutumin da yake cika musu yammacin Asabar da gangar noma da kukuma da shantu. Ni kuwa na san shi tun yana buga gwangwanin madara a bayan rumbunmu yana hana ni karatu. Ni ne yayansa, malamin gona ne ni har na yi ritaya, kuma gara in faɗa tun yanzu cewa ba ni da kunnen kiɗa. In aka sa mini waƙa biyu a jere, sai an gaya mini kafin in san an canza. Haladu ya sha yi mini tsiya cewa kunnuwana na tare hula ne kawai, kada ta zamo ta rufe mini ido.

Gidanmu gidan manoma ne tun kaka da kakanni. A wajenmu kiɗa yana da gidajensa, gado ne kamar ƙira ko fawa, ɗan manomi ba ya zuwa ya rataya ganga don kawai tana burge shi. Shi ya sa da Haladu ya gama sakandare a Birnin Kudu ya ƙi dawowa gida, muka san akwai magana. Ashe aiki ya samu a wani kulob da ke bakin titi, inda ma'aikatan asibiti da malaman makaranta suke haɗuwa a ƙarshen mako, da yawansu Kiristoci ne da aiki ya kawo su daga wasu jihohi. Shi ne mai sa musu faifai, abin da yaran yanzu suke kira dije. Yana sa musu kiɗan Kwango da na Kudu da na Indiya, in ya ga jikinsu ya yi zafi sai ya sako kalangu a tsakiya, su yi ta rawar da ba su iya ba suna dariya. Kafin a jima masu biki suka fara nemansa, labari kuma ya iso Gwaram a bakin direbobin bas.

Babanmu, Malam Garba, ya aika aka kira shi. Ya sa ni na zauna a zauren don in zama shaida.

"Na ji an ce kai ne makaɗin Birnin Kudu yanzu," in ji Baba.

Haladu ya sunkuyar da kai ya ce, "Baba, ba ni nake kiɗan ba. Faifai kawai nake sawa."

"In ka tashi daga wurin, kiɗan yana ci gaba?"

"A'a."

"To kai ne makaɗin."

Na zaci hana shi za a yi nan take, amma sai Baba ya ce, "Ba zan hana ka neman abincinka ba, ba kuma zan sa wa wannan aiki albarka ba. Amma ka ji sharaɗina. Ranar da wani ya tako ƙofar gidan nan ya ce aikinka ya cuce shi, ko da mutum ɗaya ne, ranar za ka ajiye ka dawo gona."

Wanda bai san Baba ba zai ce ai an yi masa sassauci. Mu da muka san shi mun san an ɗaure Haladu ne tamau, domin Baba bai taɓa yin magana ya janye ba, kuma babu sana'ar da ta kai ta mai lasifika saurin tara masu jin haushi. Sannan akwai maganar albarkar. Baba ba marowacinta ba ne, ko buta ka miƙa masa sai ya sa maka. Haladu ma yana samun tasa in ya kawo goro ko ya taya girbi. A kan aikin da ya fi so a duniya ne kawai ba ya samu, kuma na san abin yana cinsa, ko da yake ba ya faɗa.

Daga wannan sharaɗi aka haifi al'adar da aka san shi da ita. In aka ɗauke shi biki, ba ya bari a sauke lasifika daga mota sai ya zaga unguwar da ƙafa. Gida gida yake bi, ya yi sallama, ya gaisa, ya tambaya ko akwai mara lafiya, ko mai jego, ko mai takaba. Ya duba inda masallaci yake. In ya gama sai ya dawo ya zaɓi inda bakin lasifikar zai fuskanta, sau da yawa wajen gonaki, kuma da ladan ya yi gyaran murya kiɗa ya mutu. Masu biki sukan ƙule, amarya tana jira, 'yan mata sun gama kwalliya, mai kiɗa yana can yana tambayar jikin wata tsohuwa. Akwai wanda ya taɓa tambayarsa ko shi ma'aikacin duba gari ne aka turo. Ko a kulob ɗin haka yake yi wa gidajen da ke bayansa, har matan unguwar suka saba, in yaro ya kwana da zazzaɓi sai su aika a gaya wa Haladu. Bai taɓa ɓoye mini cewa tsoro ne ya fara sa shi ba. Ya ce duk ƙofar da ya wuce bai yi sallama ba, gani yake daga cikinta mai ƙarar zai fito.

Rediyo ta zo daga baya. Wani ma'aikacin gidan rediyo ya ji shi a wurin wani suna yana bayani kafin ya sa kowace waƙa: wane ne ya yi ta, ɗan wane gari ne, fatar me aka ɗaure gangar da ita. Aka ba shi filin yammacin Asabar, ya ce shi kiɗan yankinmu zai riƙa sawa. Ya rataya rikoda yana bin kasuwanni da gonaki, yau Surko, gobe Gwaram, jibi wata rugar Fulani don ya ɗauko sarewa. Babur ɗina ya fi shan wahala, domin Haladu bai taɓa dawo da shi ranar da ya ce ba. Kada a ce don ya mutu na mai da shi waliyyi. Mutum ne mai makara, mai surutu a kan waƙa har sai ka ji kamar ka shiga akwatin rediyon ka rufe masa baki, kuma in ya fara labarin ganga tuwonsa sai ya sandare. Amma mutanenmu sun so shi, saboda a bakinsa suka fara jin sunan ƙauyensu a rediyo ba tare da an ce an yi gobara ko ambaliya ba. Innarmu tana sauraro a ɗaki da murya ƙasa-ƙasa. Baba kuwa da lokacin shirin ya yi sai ya tuna yana da awakin da zai duba.

Shekaru suka wuce babu wanda ya tako ƙofarmu. Sai wata kaka, bayan an kai dawa gida, aka ɗauke shi biki a Kiyako. Na bi shi don ina da manoman da zan gani a can. Ya yi zagayensa kamar kullum. A gidan da ke bayan filin bikin wasu magidanta biyu suka fito suka ce mahaifinsu, Baba Jatau, ya daɗe a kwance. Haladu ya yi masa addu'a daga ƙofa, domin baƙo ba ya kutsawa ɗakin dattijo, ya dawo ya juya lasifikokinsa suka bai wa gidan baya. Ya rage murya har 'yan mata suka ce takun ƙafarsu ya fi kiɗan ƙara. Uban ango ya yi ta guna-guni. Muka koma gida Haladu yana jin daɗin ya kyauta.

Ranar kasuwar Gwaram da ta biyo baya, ina zaune da Baba a zaure da hantsi, sai ga babur ya tsaya. An sa wani tsoho a tsakiya, an lulluɓe shi da bargo, ɗansa yana riƙe da shi ta baya. Aka sauko da shi da ƙyar, aka zaunar. Bayan gaisuwa ya ce shi ne Jatau na Kiyako, kuma ƙara ya kawo a kan ɗan gidan nan mai sa faifai. Baba ya aika kasuwa aka kira Haladu. Da ya shigo ya ga baƙon, ya ji abin da ya kawo shi, sai ya nemi kusurwa ya durƙusa.

"Malam, ɗanka ya cuce ni," in ji Baba Jatau. "Ni makaɗin gangar noma ne tun ina saurayi, har hannuna ya fara rawa na ajiye. Ina kwance aka ce mini yaron nan da yake sa ganga a rediyo zai zo bayan gidana. Na sa aka jawo mini gado jikin katanga, na yi ta jiran ranar. Ya zo ya tambayi 'ya'yana, ni bai tambaye ni ba. Ciwon ƙafa nake yi, Malam, kunnena lafiyarsa ƙalau. Ya juya mini baya da lasifikarsa kamar an riga an binne ni."

Ɗan nasa ya sunkuyar da kai ya ce su dai gani suka yi hayaniya ba ta dace da mara lafiya ba. Tsohon ya ce ya yi masa shiru.

Na so in yi dariya, amma da na dubi fuskar Baba sai dariyar ta koma. Ya tambayi Haladu ko haka aka yi, ya ce haka aka yi. Baba ya ce, "To ka san abin da ke tsakaninmu." Na buɗe baki zan sa baki, ya ɗaga mini hannu. Abin da ba zan manta ba shi ne Haladu bai yi gardama ba. Mutumin da surutu ne sana'arsa ya ce kawai, "Na ji, Baba. Zan ajiye."

Baba Jatau ya tambaya me za a ajiye. Na yi masa bayanin sharaɗin a taƙaice. Tsohon ya dafe kai ya ce, "Na zo neman kiɗa ɗaya da aka hana ni, ka ce za ka kashe kiɗan ƙasar nan gaba ɗaya? Ashe gara da na mutu a hanya." Baba ya ce magana ya riga ya yi, kuma ƙara ta riga ta shigo zaure. Sai dai akwai abin da kowa ya sani a wajenmu, Baba ma ya sani: ƙara ta mai ita ce, in ya yafe a gaban dattijon da ya kai wa, ta mutu. Baba Jatau ya daɗe a duniya, ya ga ƙofar nan tun kafin ni in hango ta. Ya ce shi ba zai yafe a Gwaram ba. A zo Kiyako a rama masa kiɗan da aka hana shi, kuma tunda Malam Garba ya kai wa ƙara, Malam Garba ne zai zo ya shaida an rama. Wurin kiɗa Baba bai taɓa zuwa da ƙafarsa ba tun da ya yi aure, amma kuma bai taɓa barin haƙƙin wani a wuyan gidansa ba. Ya ce a sa rana.

Ranar da aka sa, bayan la'asar muka isa Kiyako. Aka shimfiɗa wa Baba tabarma a gindin tsamiya, ya zauna a miƙe da carbinsa kamar wanda ya zo raba gado. Aka fito da gadon Baba Jatau ƙofar gida. Haladu ya kafa lasifika ɗaya tak, bakinta yana kallon tsohon sosai, ya sa gangar noman da ya ɗauko a Surko. Ban san ko kiɗan ya yi daɗi ba, na riga na faɗi matsalata. Na dai ga yatsun tsohon suna tafiya a kan gwiwarsa, idonsa a rufe. Da kaset ɗin ya ƙare sai ya ce makaɗin yaro ne, sauri ya yi masa yawa, zai kashe manoma kafin azahar. Ya sa aka ɗauko masa tasa gangar daga rumbu, aka kakkaɓe ta, aka ɗora masa a cinya. Bai iya yin nisa ba, hannun yana ƙin bin umarni, amma ya buga wani salo a hankali, Haladu yana durƙushe a gabansa da rikoda. Can sai na ji Baba ya yi magana, ba da kowa ba.

"Wannan na gayya ne," in ji shi. "In an kusa gama gona ake buga shi."

Baba Jatau ya buɗe ido ya dube shi ya ce, "Ashe ka yi noma da ganga, Malam." Baba ya ce ya yi, lokacin yana da ƙugu. Daga nan tsohon ya ce ya yafe, duniya da lahira. Baba ya shafa addu'a, ya miƙe, ya dubi Haladu ya ce ƙara ta mutu, sharaɗi kuma yana nan. A hanyar dawowa na yi ta sa rai zan ji kalmar albarka, ban ji ba. Haladu kuwa murna yake kamar an ba shi kujerar Makka. Daga ranar ya gyara zagayensa. In aka ce akwai mara lafiya, sai ya ce a shiga a tambayo shi da kansa, a sa ko a kashe. Ya gaya mini abin da ya ba shi mamaki shi ne yawan waɗanda suke cewa a sa, a kuma ƙara murya.

Ina yawan tambayar kaina me zai ce da ya ga yau. Kulob ɗin nan ya daɗe da rufewa, yanzu shagon taki da maganin feshi ne, a can nake sayen nawa, kuma da Haladu yana nan da na tsokane shi cewa a ƙarshe noma ne ya ci filin. Yaran yanzu suna zuwa biki da kwamfuta da lasifikar da ta fi mutum tsayi, waƙoƙin da Haladu yake ɗauka a kwalaye uku suna cikin waya ɗaya a aljihu. Wasu abokansa suna cewa da ya ga haka da ya yi baƙin ciki. Ni ban yarda ba. Haladu bai taɓa raina sabon abu ba, kuma bayansa ya sha ciwo da ɗaukar kwalin kaset. Da shi ne zai fara sayen wayar, ya dame mu da ita a wurin cin abinci. Abu ɗaya na tabbata zai tsaya masa a rai, shi ne yadda ake kafa kiɗa a ƙofar mutum ba tare da an yi masa sallama ba.

Ba zan yi wa masu karatu ƙarya in ce sunansa yana nan daram ba. Filinsa na Asabar wani ne yake yi yanzu, da nasa salon, kuma an ce ya iya. Kaset ɗinsa da yawa zafi da gara sun cinye, kaɗan muka tsirar aka juye a waya, ciki har da gangar Baba Jatau, wanda bai ga damina ta gaba ba. Matasan Gwaram in ka ce Mai Faifai sai su zaci mai sayar da faifan rufe ƙwarya kake nufi. Abin ba ya damuna sosai. Bara maƙwabcina ya yi suna, sai ga wani saurayi daga Birnin Kudu ya yi sallama a ƙofata, ya ce shi ne mai kiɗan, ko akwai mara lafiya a gidan. Na tambaye shi wa ya koya masa haka. Ya ce shi dai haka ya ga ubangidansa yana yi, bai san daga inda aka samo ba. Na ce masa kowa lafiya, ya juya lasifikarsa duk inda ya ga dama, ni duk waƙa ɗaya ce a wurina. Na koma ciki na zauna, raina fari tas.

Amma in aka tambaye ni abin da ya rage na Haladu wanda na riƙe da hannu biyu, ranar jana'izarsa nake komawa. Gajeriyar jinya ya yi a tsakiyar damina. Baba yana da rai a lokacin, ya tsufa tukuf, sai an riƙe shi yake tashi. Na daɗe ina jin haushinsa a ɓoye kan kalmar nan da ya riƙe, ina ganin me zai rage masa da ya faɗa. Mutane sun cika ƙofar gidanmu, manoma daga Surko, 'ya'yan Baba Jatau daga Kiyako, tsofaffin abokan kulob sun tsaya daga gefe da hulunansu a hannu. Da aka fito da makara, liman ya roƙi jama'a su yafe wa mamaci kamar yadda aka saba. Sai Baba ya ce a kama masa ya miƙe tsaye.

"Jama'a," in ji shi, "yaron nan ya shekara da shekaru yana kafa kiɗa a ƙofofinku. In akwai wanda aikinsa ya cuta, ga ni, ni ne ubansa. Ya faɗa yanzu."

Babu wanda ya yi magana. Baba ya jira, ya daɗe yana jira, har liman ya dube ni. Ya sake tambaya, ya juya wajen waɗanda ke tsaye daga gefe don su ma su san da su yake. Shiru. Sai ya ce in matsar da shi kusa. Na ji nauyinsa duka a kafaɗata lokacin da ya sunkuya ya ɗora hannu a kan makarar.

"Haladu, ka cika sharaɗi," in ji Baba. "Allah ya yi wa aikinka albarka."

Sannan ya ce wa masu ɗauka su ɗauka.